Direban da Kowa Ya Wanke

Ƙanena direba ne. Tun da na koma gidansa da zama bayan rasuwar maigidana, Allah ya jiƙansa, ban taɓa ganin hantsi ya same shi a ɗaki ba. Motar wata makaranta yake ja, doguwar farar bas mai ɗaukar yara daga gida zuwa aji, ta mayar da su in an tashi. 'Yan'uwansa direbobi suna kiransa Sannu-Sannu, wai ko akuya mai ciki ta fi shi sauri. Ni kuwa Auta nake ce masa, don shi ne na ƙarshe a ɗakinmu, ko da yake furfura ta riga ta ci rabin gemunsa.

Mutum ne mai son aikinsa fiye da kima. Da kansa yake wanke motar, ba ya yarda wani ya taɓa masa madubi. Yana da wani tsumma mai laushi da ya keɓe wa gilashi, matarsa ta taɓa goge tire da shi, ranar sai da na shiga tsakani. Iyayen yara sun san shi, har akwai waɗanda suka sa 'ya'yansu a makarantar saboda shi. Abin alfaharinsa ɗaya ne a duniya, yakan faɗe shi in yana shan shayi.

"Yaya, ni fa ko kaza ban taɓa takawa ba."

"To ka ce da ikon Allah mana," in ce masa.

"Da ikon Allah. Amma da birki ma."

Ranar da abin ya faru, ranar da aka ba da hutu ce. Ya sauke yaro na ƙarshe, yana komawa da mota babu kowa, sai ya zo kwanar da ke gaban tashar motoci. A nan ya haɗu da wani mai wasa wuƙaƙe, dattijo siriri da ke yawo a keke da dutsen washi ɗaure a baya. Matan unguwa suna kiransa Kaifi. Keken ya shige gefen motar na dama, mutumin ya faɗi, ƙafarsa ta karye. Auta ne ya ɗauke shi a hannu ya kai shi asibiti, ya dawo gida da jini a rigarsa.

Daga nan sai masu bincike, kowa da ma'auninsa.

Na farko jami'in hanya ne. Ya zo da igiyar awo, ya durƙusa a kan kwalta ya auna zanen da taya ta bari. Zanen gajere ne, ya ce wannan ya nuna motar ba gudu take ba. Ya shiga ya taka birki, ya ce lafiya lau. Sannan ya shafa inda ƙarfen ya lotsa, ya ce ba a goshin mota yake ba, a gefe ne, kusa da ƙofar yara. Ga abin da ya fitar: keke ne ya sami mota, ba mota ce ta sami keke ba.

Na biyu direbobin tasha ne. Su dama ɗabi'arsu ce, in ɗayansu ya shiga rigima sai su taru su tsaya masa shaida, ko sun gani ko ba su gani ba. Amma wannan karon sun gani, don suna zaune a rumfarsu abin ya auku a gabansu. Shugabansu, wani ƙaton mutum mai yawan dariya, ya zo gidanmu yana cewa, "Yau dai za mu yi shaida da alwalarmu." Sun ce Kaifi yana kaɗa ƙarfensa na kiran ciniki, wata mata ta kira shi daga tsallake, ya waiwaya, bai dubi gabansa ba.

A kotu alƙali ya tambayi Kaifi me ya tuna. Ya ce shi dai ya tuna an kira shi, sai kuma ya ga sararin sama. Aka tambayi Auta, ya ce bai gan shi ba sai da ya ji ƙara. Ba wanda ya ƙara tambayarsa komai. Alƙali ya haɗa awo da shaidu, ya ce direba ba shi da laifi, ya yi wa mai keke nasiha a kan duban hanya.

Gida ya cika da 'yan barka. Shugabar makaranta ta aiko cewa da an dawo hutu ya zo ya ci gaba da aikinsa, mabuɗi ma a hannunsa aka bar shi. Matarsa ta dafa shinkafa da nama ta rarraba wa maƙwabta. Shi kaɗai ne bai ci ba. Ana ce masa barka, yana cewa yawwa, idonsa a ƙasa. Na ɗauka firgici ne, na ce da sannu zai sake shi.

Ana nan, wata la'asar, sai ga Kaifi a ƙofar gida da sandunan asibiti, wani maƙwabcinsa ya kawo shi a babur. Auta na zaune a kan dogon benci a tsakar gida. Dattijon ya ɗingisa ya zauna a damansa, ya jingine sandunan, ya daɗe yana mayar da numfashi. Ni na fito da ruwa a kofi.

"Malam direba, haƙuri na zo ba ka," in ji shi. "Mutum da mutuncinsa, na ja an kai ka gaban alƙali. Mai awo ya nuna mini komai, ni na shigo maka. Tsufa ne da son ciniki. Ka yafe mini."

Ya miƙa hannu.

Auta na kallon bangon da ke gabansa. Hannun nan ya tsaya a iska, kusa da kafaɗarsa, kusa ƙwarai, yatsun duk sun yi kanta saboda dutse. Ya tsaya, ya tsaya. Ina riƙe da kofi, na ji kamar in nutse. Can dattijon ya janye hannunsa ya goga a gaban rigarsa, kamar shi ne mai datti.

"Kana da gaskiya in ka yi fushi," ya ce a hankali.

Sai a sannan Auta ya juyo, kuma ba ido ya juyo ba, dukan kansa ya juyo har da kafaɗa, kamar wanda wuyansa ya sage. Ya ce babu komai, Allah ya yafe mana baki ɗaya, Allah ya ba da lafiya. Baƙon ya kurɓi ruwa don kada a ce bai sha ba, ya tafi.

Na bari sai da matarsa ta shiga kicin, na zauna inda dattijon ya tashi.

"Auta."

Ya sake juyowa da dukan jikinsa.

"Hannun bawan Allahn nan, ƙi ka yi, ko me?"

"Wane hannu?"

"Da ya miƙo maka."

"Ya miƙo hannu?" ya ce. Sai ya sa tafukansa ya rufe fuska.

A nan ya gaya mini. Tun kafin damina ya tashi wata safiya da ciwon kai mai tsanani. Ciwon ya tafi, amma ya tafi da gefen dama na duniya. Na ce duhu yake gani a wajen? Ya ce, "Ba duhu ba ne, Yaya. Duhu ai ana ganinsa. Wannan babu ne kawai, kamar yadda ba kya ganin ƙeyarki." Ya ce ya yi zaton zai wuce. Kuma hanyar nan ya daɗe yana binta, kowane rami da kowace kwana suna cikin ƙafarsa, ya san gidan da yaro ke fitowa da gudu da gidan da sai an yi oda. Don haka ya ci gaba da tuƙi da sani maimakon gani, in ya zo mararraba sai ya juya kai sosai ya leƙa. Hanya kuwa ta zauna yadda ya san ta. Mai keke ne ba ya cikin abin da ya haddace.

"Ranar ka juya kan?"

"Shi ne ban sani ba. Na kwana ina tambayar kaina, na tashi ina tambayar kaina."

Washegari na raka shi wurin likitar ido. Mace ce mai natsuwa, ba ta da gaggawa. Ta sa shi ya ɗora haɓa a bakin wani abu kamar babbar tasa a tsaye, ta ba shi ɗan maɓalli, ta ce duk sanda ya ga ƙyallin haske ya danna. Ina zaune a baya ina ganin hasken na ɓullowa nan da can. In ya ɓullo ta hagu, sai in ji ƙit. In ya ɓullo ta dama, shiru. Ƙanena da ke hango yaro tun daga ƙarshen layi, ga haske a gabansa yana kunnuwa yana mutuwa, shi kuwa yana jira da ladabi.

Da aka gama wasu gwaje-gwajen, ta ce idanun kansu lafiyarsu ƙalau. Hawan jini ne ya taɓa wani ɗan wuri a ƙwaƙwalwa, wurin da ke karɓar abin da ke dama. Ta ce mai yiwuwa ba zai dawo ba, kuma bai kamata ya sake tuƙi ba, ko keke.

"Likita, ke nan ni na buge mutumin nan," in ji shi.

"Baba, ban ce ba. Abin da zan iya tsayawa a kai shi ne yau ba ka ganin dama. Ranar ba na wurin. Kuma ko mai ido huɗu ne, in keke ya faɗo masa ta gefe, ba lallai ya kauce ba."

"Amma da ina gani, da zan iya kaucewa."

"Mai yiwuwa. Injina ba ya auna 'da a ce'."

Muka fito. A hanya ya ce shi liman zai gani. Liman tsohon abokin maigidana ne, ya saurare shi har ƙarshe yana shafa gemu. Ya ce a shari'a hujja tana kan mai ƙara, rantsuwa tana kan wanda ya musa, kuma ga shi mai ƙara da kansa ya janye, babu wanda zai rantsar da shi. Amma ya ce alƙali da abin da aka kawo gabansa yake hukunci, hukuncinsa ba ya mayar da baƙi fari.

"To malam, ni ne ko ba ni ba ne?"

"Wannan ba ni da ma'auninsa. Abin da na sani, ka ɗauki 'ya'yan mutane kana sane da idonka. Wannan kam ba sai an kira shaida ba."

Auta ya sunkuyar da kai har hularsa ta kusa faɗuwa.

Da shugaban direbobi ya ji, don matar Auta ta kai masa kuka, sai ya zo da kansa, ya cika benci.

"Haba Sannu-Sannu, wane irin tonon asiri ne wannan? Mun gani da idonmu, mu nawa. Gani ya kori ji."

"Kun ga keke. Ba ku ga abin da ni ban gani ba."

"To wa ke da cikakkiyar lafiya a tashar nan? Wancan sukari, wancan kunne ɗaya, ni kaina in na zauna tumbina ke riƙe sitiyari. Akwai wani madubi mai faɗi, gobe in sa a ɗaura maka, har abin da ke aljihun mai keke sai ka gani."

"Madubin ma ai a dama yake."

Shugaba ya buɗe baki zai yi dariya, ya fasa.

Matarsa ba ta yi dariya ba ko kaɗan. Ita tana tunanin yara da tukunya, kuma ban ga laifinta ba. "Kotu ta wanke ka, mai awo ya wanke ka, shi kansa mai ƙafar ya wanke ka. Ka fi alƙali ne? In ka ajiye mabuɗin nan, a shekarunka wa zai ɗauke ka, kuma aikin me?" Ta juyo gare ni. "Yaya, ki yi masa magana mana, ke yake ji."

Ni ban yi karatu mai zurfi ba, amma na zauna na yi ta juya abin. Mai awo bai yi ƙarya ba. Direbobi ba su yi ƙarya ba. Likita ta tsaya inda saninta ya tsaya, liman ma haka. Kowa ya auna da mudunsa, kuma mudun kowa ya cika. Sai dai duk wankin da aka yi wa ƙanena, ramewa yake yi. Ya daina zama a ƙofar gida. In zai je masallaci sai ya bi ta lungu don kada iyayen yara su tare shi da barka. Mabuɗin kuwa yana aljihunsa, hutu yana ta ƙarewa.

Ana gobe za a koma makaranta, da hantsi, ya ce in sa mayafi in raka shi, in tsaya masa ta dama.

Ɗakin Kaifi ɗaya ne a wani gidan haya, a ƙarshen wani siririn lungu. Keken na jingine a bango, ƙafar gaba ta lanƙwashe. Shi yana zaune a tabarma ya miƙe ƙafar da aka ɗaure, matarsa na tsince wake a bakin ƙofa. Da ta gane ko su wa ne, ta tashi da rawar jiki tana shimfiɗa mana buhu. "Ka ga mutanen kirki," ta ce wa mijin. "Kai ka yi karo da motarsu, su ne kuma ke zuwa gaishe ka. Duk layin nan yanzu Mai Karo da Bas suke kiransa."

Auta ya zauna a gabansa, ya gaya masa komai, bai rage ba. Dattijon ya saurara, sai ya yi murmushi.

"Malam direba, Allah ya saka da alheri. So kake ka sanyaya mini zuciya."

"Gaskiya nake gaya maka."

"Mutumin gwamnati ya auna da igiya. Mutane sun yi shaida. Idonka kuma ga su nan garau, sun fi nawa haske. In ce me?"

"Likita ta gwada ni."

"Likita ban san ta ba."

"To kai gwada ni."

Kaifi ya dube shi, ya dube ni. Ya ce shi a sana'arsa ba ya yarda wuƙa ta yi kaifi don mai ita ya faɗa, sai ya ɗora ta a gashin hannunsa. Ya ce Auta ya kafa ido a kan wata ƙusa da ke bango. Ya ja jiki ya koma hagunsa, ya ɗauki sandarsa ɗaya, ya kawo ta da sauri kamar zai maka masa a fuska, ya tsayar. Auta ya zabura ya kare da hannu. Dattijon ya sake jan jiki, yana nishi, ya zagaya dama. Ya jira. Ya kawo sandar da ƙarfi fiye da na farko, har iskarta ta motsa gemun ƙanena, ya tsayar da ita kusa da idonsa.

Ko ƙiftawa bai yi ba. Yana kallon ƙusa, yana jira a fara.

Matar ta ajiye farantin wake a hankali. Kaifi ya sauke sandar a kan cinyarsa. Murmushin ya tafi.

"Ke nan da ƙafa ɗaya na hau babur na je gidanka ina ba ka haƙuri, kana zaune ka san wannan."

"Na sani."

"Ka bar ni na faɗa har ƙarshe."

"Na bar ka."

Can dattijon ya ce, yana kallon ƙafarsa, "Wa ya sami wa, ni yanzu ban sani ba. Na waiwaya kam, wannan na tuna. Sai dai ina da tambaya. Gobe wa zai ɗauko yaran?"

Auta ya sa hannu a aljihu, bai fito da shi ba.

"Yafiya ba yau ba," in ji Kaifi. "Ban ce babu ba. Je ka gama da wancan tukuna."

Daga nan makaranta muka nufa, a ƙasa, ina riƙe da hannun rigarsa. Shugabar tana ofis tana shirin komawa. Ta tarbe shi da fara'a, ta ce yara sun yi kewarsa. Ya ajiye mabuɗin a kan teburinta, ya yi bayani a tsaye, hula a hannu. Fara'ar ta ragu kaɗan kaɗan. Ba ta yi faɗa ba, tambaya ɗaya ta yi.

"Tun yaushe kake ɗaukar mana yara a haka?"

"Tun kafin damina, ranki ya daɗe."

Ta cire tabarau ta ajiye. 'Yarta ma a motar take zuwa, a kujerar gaba, ta dama. Auta kuma bai nemi wurin zama ba.

Daga baya ta ce za ta samo wani direba kafin safiya, amma akwai matsala. Ba wanda ya san gidajen yaran da yadda ake binsu sai shi, don ba a taɓa buƙatar wani ya sani ba. Ta ce in zai iya, ya zo ya zauna kusa da sabon ya nuna masa hanya har ya riƙe. Ta ce ba dole ba ne, ta san iyaye za su yi tambaya. Ya ce zai zo.

Da safe na tsaya a bakin ƙofa. Motar ta zo ta tsaya, wani saurayi a sitiyari, yara sun fara cika baya. Auta ya fito da wankakkiyar riga, ya zagaya ya shiga ta ƙofar yara, ya zauna a bayan direba. Wata 'yar ƙarama mai giɓi ta leƙo ta kan kujera.

"Baba Direba, yau ba kai ba ne? Ka gaji?"

"A'a, ban gaji ba. Ba na gani sosai ne."

"Tun yaushe?"

"Da daɗewa," ya ce. Sai ya dafa kafaɗar saurayin. "Mu je. In ka kai gida mai koren ƙofa ka rage, yaron nan da gudu yake fitowa."